Taliyar Roma da kitsen da ba namu ba

Shekarata ta shida ke nan a Roma, kuma har yau tambayar da na fi yi da Italiyanci ita ce, "Akwai alade a ciki?" Ita na fara koya tun kafin in iya tambayar hanyar tashar jirgin ƙasa. Taliyar da mutanen garin nan ke tinƙaho da ita kala huɗu ce, uku daga ciki da naman alade ake yin su. Karbonara ita ce mai ƙwai da cuku da masoro, amatiriciyana mai tumatir da ɗan barkono, giriciya kuwa babu ƙwai babu tumatir. Ta huɗun ce kawai, wadda suke kira kaciyo e pepe, ta tsaya a cuku da masoro.

Naman ma ba kowane sashe ake sawa ba. Kumatun aladen ne, suna ce masa gwancale. A shafe shi da gishiri da masoro, a rataye shi a wuri mai sanyi da iska na kimanin wata uku har ya tsane. Mafi yawansa kitse ne. Idan za a yi girki sai a yayyanka shi ƙanana, a zuba a kasko ba tare da ɗigon mai ba, a rage wuta, a bar shi ya narke a hankali. Man da ya tsatso daga jikinsa shi ne miyar gaba ɗaya, da shi ake juya taliyar har kowane sili ya sha.

Na yi wannan dogon bayani ne saboda wani ɗalibi ɗan gida da ya zo karatu bara. Mun haɗu ranar Juma'a a babban masallacin Roma, wanda aka buɗe a 1995, muna tsaye wajen masu sayar da abinci a bakin ƙofa. Ya ce mini, "Yaya, ni fa idan an kawo mini irin taliyar nan a ɗakin cin abincin makaranta, tsince naman nake yi in ci sauran." Na ce masa, "Ƙanina, ɗan tsokan da kake tsincewa saura ne kawai. Ainihin aladen ya riga ya narke ya shige taliyar." Ya yi shiru, ransa bai yi daɗi ba, kuma na ji tausayinsa don ba da gangan yake yi ba. Babu wanda ya taɓa nuna masa yadda ake girkin. Haka kuma babu wanda ya gaya masa cewa wasu burodi da gurasa a ƙasar nan da man alade ake kwaɓa su, ko cewa miyar wake da taliya, wadda ido zai ce maka ba nama a cikinta, sau da yawa da fatar alade ake dafa ta don ta yi ɗanɗano. Na san akwai Hausawa Kiristoci da wannan magana ba ta shafa ba, amma ga mafi yawanmu haramcin a fili yake cikin Alƙur'ani, ba abin jayayya ba ne.

Sai dai akwai wani ɓangaren namu da ni ban yarda da su ba, su ne waɗanda tsoro ya sa suka rufe ƙofa ga abincin ƙasar baki ɗaya. Mutum ya shekara goma a Italiya, daga shinkafa sai gasasshiyar kaza a shagon 'yan Bangaladash, bai taɓa tambayar maƙwabcinsa yadda yake girki ba. Idan ya koma gida ba shi da abin da zai ƙara wa tukunyar gidansu. A ganina asara ce. Abu ɗaya aka hana mu, ba a hana mu koyon hannu ba. Kuma a ɗakunan girkin gidajen abinci da yawa na Roma, Misirawa da 'yan Bangaladash Musulmi ne ke tsaye a gaban wuta.

Wadda ta buɗe mini ido wata tsohuwa ce da ke hawan da ke ƙasa da namu. Ina ce mata Nonna, wato Kaka, ita kuma tana ce mini 'yata. Ranar da na gaya mata ba na cin alade ba ta tsaya mamaki ba, cewa ta yi in zauna ta nuna mini aikin da naman yake yi a kasko, sai in nemo abin da zai yi mini wannan aikin. Kitse yake bayarwa, da gishiri, da wani ƙamshi na abin da ya daɗe a rataye. Tana magana ni kuwa hankalina ya tafi Agadasawa a Kano, inda ake shanya kilishi a rana, da tukubar mai tsire idan tozo ya fara ɗiga a kan garwashi.

Kilishi na fara tunani, amma bai cika aikin ba. Mahauta kan cire masa kitse tun wajen fiɗa saboda kada ya lalace, ga kuma labun gyaɗa da yaji da ke jikinsa, waɗanda za su danne komai. Ko da ma zai yi, dokar Tarayyar Turai ta hana matafiyi shigo da nama ko kayan madara daga ƙasashen waje a jakarsa, a filin jirgi ake karɓewa. Italiyawa na da nasu busasshen naman sa, biresawola, da ake yi a kwarin Baltelina da ke arewacin ƙasar. Shi ma jan nama ne zalla, kuma sai ka bincika yankan, sannan wasu kan sa giya wajen jiƙa shi. Naman talotalo da ake sarrafawa a sayar a matsayin madadin na alade kuwa na gwada sau biyu na bari. Ba shi da mai, sai gishiri da ƙaurin hayaƙi na roba, kuma ban ga dalilin da zai sa in riƙa bin kwaikwayon abin da ban taɓa marmari ba.

Ashe tun da daɗewa akwai waɗanda suka riga mu warware matsalar a cikin garin nan. Yahudawan Roma sun fi shekara 2000 a birnin, kuma daga 1555 aka killace su a wata unguwa a bakin kogin Tiber. Su ma ba sa cin alade. A gidajen abincinsu za ka samu amatiriciyana da busasshen naman sa, sai dai ba sa haɗa ta da cuku domin addininsu ya hana gama nama da madara. Ba su bar taliyar garinsu ba, ba su kuma bar addininsu ba.

Abin da na tsaya a kai shi ne naman ƙirjin sa mai kitse, ko gefen haƙarƙarin rago. Ina saye a wajen mahautan halal na kasuwar Eskwilino, kusa da babbar tashar Termini. In shafe shi da gishiri sosai da masoro da 'yar kanumfari, in ɗora a kan raga cikin firji kwana uku zuwa huɗu ya tsane. Da a gida nake da tozo zan yi, don ban san wani kitse da ya kai shi daɗi ba.

Cukun nasu shi ma sai da na saba. Fekorino romano da nonon tumaki ake yin sa, mafi yawa a tsibirin Sardiniya duk da sunan Roma da yake ɗauke da shi, kuma wanda ake gogawa a kan taliya sai ya yi aƙalla wata takwas a ajiye. Ranar da na fara buɗe shi warin ya buge ni, sai kuma na gane shi. Aikin daddawa yake yi. Abu ne da aka bari ya nuna da kansa, ga wari a hannu, ga daɗi a tukunya, kuma kaɗan ake sawa. Baturen da ke toshe hanci don daddawa da Bahaushen da ke toshe hanci don cuku duk ba su ɗanɗana miyar ba ne. Akwai magana a kan abin da ake daskarar da madarar da shi, domin daga tumbin ɗan rago mai shan nono ake ɗebo shi, kuma malamai sun yi saɓani a kan hukuncinsa idan ba a tabbatar da yankan ba. Ni dai nakan nemi cukun tumaki da aka rubuta a jikinsa cewa da tsiro aka daskarar da shi, kamar yadda matan Fulani ke yi da ruwan tumfafiya. Wanda ya bi ɗaya fatawar ban ce ya yi laifi ba.

Inda abin ke ci mini rai shi ne idan na juya na dubi tamu taliyar. Mu ma muna da ita, ba jiya muka san ta ba. Na tashi ina ganin mata na murza kwaɓaɓɓen fulawa a ɗan injin hannu, ana shanya silin a kan igiya a tsakar gida. 'Yar murji da manja da yaji, a barbaɗa dafaffen wake, ita ce abincin tara na rabin 'yan makarantarmu. Taliya da wake da muke yi ita ce dai pasta e fajoli da ake sayarwa a nan da tsada a faranti mai kyau. Amma mu da zarar mutum ya samu kuɗi sai ya ce wannan cimar talaka ce, ya koma ta leda, ya dafa ta har ta yi lugub, ya zuba mata dunƙule huɗu da kori da tayim da kifin gwangwani da duk abin da hannu ya kai, har ba ka jin ɗanɗanon alkamar.

Su kuwa tun 1967 suka yi doka cewa busasshiyar taliya sai da garin alkama mai tauri za a yi ta. Suna sauke ta da sauran ƙarfinta, yadda haƙori zai ji ta. Garin Amatirice da ya ba wa amatiriciyana suna ƙaramin gari ne a kan duwatsu. Girgizar ƙasa ta rusa shi ranar 24 ga Agusta 2016, mutane kusan 300 suka rasu a yankin. Gidajen abinci a ciki da wajen Italiya suka riƙa ware wani abu daga kuɗin kowane farantin amatiriciyana suna aika wa garin. A 2020 kuma Tarayyar Turai ta yi wa girkin rajista a matsayin abincin gargajiya, da kayan haɗinsa a rubuce. Ina son in ga ranar da za a yi wa kilishin Kano ko dambun nama ko 'yar murji irin wannan gata, a san garin da ya fi iyawa, a rubuta yadda ake yi, mai yi ya ci moriyar sunan.

Ba komai nasu ne ya fi namu ba. Barkononsu ba ya ko motsa harshe, kuma kowa da farantinsa a gabansa, giram 100 a aune, babu tiren da za a kewaye a ce baƙo ya matso. Wannan ba zan taɓa sabawa da shi ba, shi ya sa a gidana a tire nake juyewa.

Ga yadda nake yi wa mutum huɗu. Ruwa lita huɗu a wuta, gishiri kaɗan tunda naman da cukun duk suna da shi, taliya giram 400. Naman ƙirjin nan kamar giram 150, a yanka ƙanana, a narkar a kasko har ya yi ja ya yi ƙaras-ƙaras, a kwashe tsokan a bar man. A cikin man nake soya albasa da koren wake, wani lokaci da alayyafo, sai attarugu guda ɗaya. A kwano daban a kaɗa gwaiduwar ƙwai huɗu da gogaggen cuku cike da hannu biyu da masoro mai yawa. Idan taliyar ta kusa nuna a tsamo ta a zuba a kasko, a kashe wuta, sannan a zuba haɗin ƙwan da ludayi ɗaya na ruwan dahuwar, a yi ta juyawa da sauri. Idan wutar na kunne ƙwan zai dunƙule ya zama wainar ƙwai. Ruwan dahuwar nan da muke zubarwa a gida, har mu ɗauraye taliyar da ruwan sanyi, shi ne ke haɗa man da cukun su zama miya mai santsi.

Ba na kiran wannan karbonara. Mutanen Roma ba sa sa albasa ko ganye a tasu, kuma tunda na ga yadda suke kishin sunan ba zan ɗora shi a kan abin da ba shi ba. Yarana taliyar tozo suke ce mata, na bar musu a haka. Na kai wa Nonna kwano ɗaya, ta cinye, ta ce masoron ya yi kaɗan amma attarugun ya zauna daidai. Da na ba Umma labari a waya sai ta ce, "To ke 'yar nan, tunda kin ce cukun aikin daddawa yake yi, me zai hana ki sa daddawar?" Na ce, "Umma, sai na gwada." Ranar Asabar na daka rabin ƙwaya na zuba a cikin man tare da albasar, na rage cukun zuwa hannu ɗaya, kuma tun daga ranar haka nake yin ta.