"Ai fim ne kawai" ba hujja ba ce

Abin da ya ishe ni kwanan nan shi ne yadda wasu ke yanko guntun fim ɗin tsoro na Turawa, irin wanda kyamara ke ta rawa kamar mai gudun ceton rai ne ya ɗauka, su cire sunan fim ɗin su ɗora murya da Hausa su watsa a WhatsApp da TikTok, wai a daji aka tsinci wayar wani matafiyi. Kafin la'asar ya zagaye guruf ɗin unguwa, iyaye mata sai salati suke.

In ka yi magana a ce maka ai fim ne, nishaɗi ne. Wallahi wannan zance ba shi da kai. Masu irin wannan fim tun asali ƙaryar ita ce hajarsu. A 1999 da za a saki The Blair Witch Project a Amurka har takardun cigiya aka buga na 'yan wasan su uku, wai ɗalibai ne da suka ɓata a dajin Maryland, kuma fim ɗin da ba a kashe masa kuɗin kirki ba ya tashi da kusan dala miliyan 250. A Italiya kuwa darektan Cannibal Holocaust na 1980 sai da aka zarge shi da kisa, dole ya nemo 'yan wasansa aka gan su da ransu. To in hukuma ta ruɗe, ina ga Hajiyar da ke zaune a Kurna ɗanta direba yana kan hanya?

Su can ko an ruɗe su a kujerar sinima abin ke ƙarewa. Mu fa nan 'yan bindiga da kansu suke ɗaukar bidiyon waɗanda suka sace don a biya kuɗin fansa, sai ga na gaske da na wasa a waya ɗaya, ranar da na gasken ya zo ka ji samari a majalisa suna cewa editin ne ana dariya, alhali ɗan wani ne a ɗaure. Wannan ya fi komai ci min rai.

Masu cewa kowa ya tantance da kansa ba su san firgici ba. Hukumar tace fina-finai ta jihar Kano da ke sa ido kan rawa da suturar 'yan Kannywood ta waiwayi masu ɗora muryar nan ma, admin ɗin guruf kuma in ya ga irinsa ya goge, ya ja kunnen wanda ya turo.