Ranar da Na Mutu da Rai 41

Wani Bazazzagi ne ya jefa ni cikin wannan harka, kuma duk Bakanon da ya bi shawarar Bazazzagi ya san abin da ya saya. Gida ɗaya muke haya a birnin Leeds na Ingila. Da ya ga daren Juma'a ba abin da nake yi sai zaman jiran hita ta ɗumama ɗaki, sai ya ce in taso ya kai ni wani shagon wasanni. Na ce masa ni fa ba na caca. Ya rantse ko sisi ba a ɗorawa a tebur. Gaskiya ya faɗa, domin tun a kanta kuɗin suke ƙarewa, wajen sayen katunan.

Sunan wasan Magic: The Gathering. Wani masanin lissafi ɗan Amurka, Richard Garfield, shi ya ƙirƙiro shi, kamfanin Wizards of the Coast ya fitar da shi a 1993. Na shiga da gadara, don a unguwarmu ba a ja da ni a wot, kuma wot ɗin ma ai kamfanin Waddingtons na nan Leeds ya daɗe yana buga ta a da. Sai na ɗauka gida na zo.

Salon da ake bugawa a shagon shi ne Commander. Mutum huɗu a tebur, kowa da damin kati 100, ba a maimaita kati sai filaye na gama-gari, kowa na farawa da rai 40, sannan akwai kati ɗaya da ke zaune a gefe, shi ne kwamandanka. Filaye su ne jari. Kowane fili yana ba ka ƙarfi ɗaya a zagaye, abin da 'yan wasan ke kira mana, da shi kake biyan sauke dodanni da sauran tarkace, kuma doka ta ce fili ɗaya tak za ka ajiye a zagaye. Katin da ya gama aiki ko aka kashe shi sai ya tafi wani tuli da ake kira maƙabarta. Tulin da ake ja daga cikinsa kuwa ni har gobe kasuwa nake ce masa.

Ban daɗe ba na gano abin da ya shige wa Turawan nan duhu. A teburin nan za a kashe maka dodo, a fasa maka Sol Ring, na'urar da ke ƙara maka mana, a yi maka taron dangi, amma fili ba a taɓawa. Akwai kati irin Armageddon da ke share filayen kowa, sai dai wanda ya kuskura ya buga shi, mako mai zuwa zai zo ya tarar duk tebura sun cika. To a ce ga kadarar da ba mai rushewa, kuma a ce Bakano na wurin? Sannan na lura mutane na zubar da katuna masu tsada a maƙabarta su manta da su. Nan take na yanke shawarar zama ɗan jari bolan teburin: abin da ya faɗi juji, a tsince shi a sake mora.

Kwamandata Muldrotha ce, wadda ta fito a 2018. Tana cin mana shida, amma muddin tana tebur, a kowane zagayena zan iya ɗauko fili ɗaya daga maƙabarta, da dodo ɗaya, da na'ura ɗaya, haka dai ɗaya-ɗaya daga kowane nau'in katin da ke zama a tebur. Na zuba filaye 40 a damin. Na sa Cultivate da Kodama's Reach, masu lalubo filaye biyu daga kasuwa, ɗaya tebur ɗaya hannu. Na sa Sakura-Tribe Elder, wani tsohon maciji da aikinsa kawai ya mutu ya bar maka gadon fili, Muldrotha ta dawo da shi, ya sake mutuwa. Crucible of Worlds, mai ba ka damar ajiye fili daga maƙabarta, ya fi ƙarfin aljihuna, sai na sayi Ramunap Excavator mai irin aikinsa. Don maƙabarta ta cika da wuri, na ƙara Life from the Loam, wanda maimakon ka ja kati sai ka zubar da uku daga saman kasuwa ka dawo da shi hannu, da Mesmeric Orb, wata na'ura da duk lokacin da katinka na tebur ya miƙe daga kwance sai ka zubar da kati ɗaya. Filin da aka mora kwantar da shi ake yi, sai farkon zagayenka ya miƙe, don haka mai filaye goma sha, kowane zagaye katuna goma sha ke zubewa.

Abokan tebur ba su yaba wa wannan fasaha ba. Akwai wani mai jan gemu da ya haddace dokokin wasan kaf, akwai wata baiwar Allah ma'aikaciyar jinya da ba ta cika magana ba, sai Bazazzagin nawa. Ƙorafinsu ɗaya: wai zagayena ya cika tsawo. Laifin na Evolving Wilds ne, wani fili da ake sadaukarwa a nemo wani a kasuwa, kuma duk wanda ya laluba kasuwa dole ya cakuɗa ta. Ni kuwa kowane zagaye sai na dawo da shi. Katuna kusan 100 cikin rigunan leda masu santsi, hannuna kuma ba babba ba, sai in raba su gida biyu in cusa wannan cikin wancan, biyu su zame su faɗa ƙarƙashin kujera, in sunkuya, in ɗago, in miƙa wa mai gemu ya yanka. Wata rana ina cikin haka ma'aikaciyar jinyar ta tashi ta tsallaka titi, ta sayo soyayyen dankali, ta dawo ta cinye, ta goge hannu, ta tambaya ko layi ya zo kanta. Bai zo ba.

A daren da nake son ba ku labari komai ya tafi yadda na tsara. Sauran ukun sun shagala da dukan juna, ba wanda ya kula da mai tara filaye. Ina da filaye 13 a tebur, raina 31, ga Muldrotha, ga Orb tana ta aikinta, ga kuma Tatyova, wadda duk filin da ya sauko sai ta ƙara mini rai ɗaya ta ba ni kati ɗaya. Maƙabartata ta yi tsawo har ta fara karkacewa, sai da na jingina ta da gwangwanin lemo. Na ƙirga filayen cikinta a ɓoye: 16.

Layi ya zo kaina. Na gyara zama, na ce wa Bazazzagi, “Mutumina, buɗe ido ka ga yadda ake yi a birni.”

Ya ce, “Bismillah, Alhaji. Mu 'yan kallo ne.”

Na biya mana bakwai na ɗauko Avenger of Zendikar daga maƙabarta. Shi wannan idan ya sauko yana haifar da tsiro ɗaya a kan kowane filinka, kuma duk sabon filin da ya shigo sai kowane tsiro ya ƙara ƙarfi ɗaya. Tsirrai 13. Katunan alama ba su ishe ni ba, na cike da murafan kwalba da tikitin bas. Sannan na zaro Splendid Reclamation daga hannu, mana huɗu, na ajiye shi a hankali don kowa ya samu damar karantawa: duk filayen da ke maƙabarta su dawo tebur. Ba wanda ya tare. Na shimfiɗa filaye 16 ɗaya bayan ɗaya har suka ci wurin maƙwabcina.

Mai gemu ya leƙo, ya ce, “Aboki, kati nawa ya rage maka a can?”

Na ce wannan ba matsalarsa ba ce. Ya ce doka ta ba kowa damar sani. Na ƙirga. Tara.

“Tatyova fa za ta ba ka 16.”

Na ce to tara sun ishe ni, sauran na yafe. Ya ɗauki katin ya miƙo mini, ya faɗi maganar nan tasu ta 'yan wasa, wai karanta kati shi ke bayanin kati. Na karanta. Babu inda aka ce in ka ga dama. A wot idan kasuwa ta ƙare lissafi ake yi a ga wanda ya fi nauyi. A nan kuwa wanda aka ce ya ja kati ya tarar ba komai, ya fita daga wasan, ko da ransa dubu ne.

Na shiga neman mafita. Na ce zan kashe Tatyova. Mai gemu ya ce ko ta mutu, umarninta 16 sun riga sun hau layi, sai an cika su. Na ce zan riƙa dawo da Life from the Loam maimakon jan kati. Ya ce hakan uku-uku zai riƙa kwashewa, kuma da zarar kasuwa ta gaza uku ba ya yiwuwa. Na ce to a yi mini afuwa in janye katin, ai wasan zumunci muke yi. Aka yi shiru. Ma'aikaciyar jinyar ta duba agogonta, ta dube ni, ta ce a'a. Bazazzagi kuwa ya kifa kai a tebur, kafaɗunsa sai rawa suke.

Abu ɗaya doka ta bar mini: ni ke zaɓar wanda zai fara aiki tsakanin Avenger da Tatyova. Na ce tsirrai tukuna. Na ari duk dayis ɗin da ke teburin, na aro na teburin baya, na ɗora wa kowane tsiro 16, har da tikitin bas. Jimillar ƙarfinsu 208, ya isa ya kashe su ukun a sake tashinsu a sake kashewa. Na ɗauki hoto. Mai gemu ya ga dacewar ya tuna mini cewa sababbin sauka ne, ko da na rayu ba za su kai hari ba sai zagaye na gaba. Ban tanka masa ba.

Sai na fara ja. Ɗaya, rai 32. Biyu, 33. Mutanen wasu tebura suka taso suna taya ni ƙirga da ƙarfi. Katuna masu kyau kuwa suka yi ta zuwa, irin waɗanda na yi ta addu'ar samu tun farkon dare. A na goma na ƙara rai ya zama 41, na kai hannu, yatsuna suka taɓa katako. Na fita da rai fiye da wanda na shigo da shi, ba wanda ya taɓa ni, kuma har yau matsayina shi ne ba wanda ya ci ni a wasan nan. Damin ya yi duk abin da aka gina shi ya yi. Wanda ya rubuta Tatyova ne ya yi rowar kalma.

Mai gemu, da yake ba mugu ba ne can ciki, ya ba ni labarin Laboratory Maniac, wani kati na 2011 da ke juya dokar: in yana tebur ka je jan kati ka tarar kasuwa wayam, kai ka ci wasan. Na saya a daren. Kuskuren da aka yi shi ne a gaban Bazazzagi aka yi maganar.

Da muka sake haɗuwa, Orb ta zubar da Maniac cikin maƙabarta, daidai inda nake son sa, mana uku kacal Muldrotha za ta tashe shi. Kasuwata ta rage 'yan katuna. Saura zagaye ɗaya. Bazazzagi, wanda ke buga baƙin dami, ya ja katinsa, ya dube shi, ya dube ni, ya ajiye fili. Fili kawai, ko mana ɗaya bai biya ba. Bojuka Bog, wanda idan ya sauko yake kwashe maƙabartar mutum ɗaya kaf ya fitar da ita daga wasa.

Ya ce, “Alhaji, wa kake ganin ya kamata in zaɓa?”

Na nuna mai gemu, wanda katuna huɗu ne a tasa.

Ya ce, “Miƙo dai. Har da na jikin gwangwanin.”