Aleister Crowley: Hatsabibin da tsinuwa ta yi wa suna

Jaridun Ingila ne suka ɗaukaka Aleister Crowley, Baturen Ingila da ya yi suna da tsafi, ba tsafinsa ba. Ranar da jaridar John Bull ta kira shi mutumin da ya fi kowa mugunta a duniya, talla ta yi masa kyauta, domin da ma da bakinsa yake kiran kansa Dabba mai lamba 666, muguwar dabbar da aka ambata a Littafi Mai Tsarki na Kiristoci.

An haife shi a 1875 a gidan Kiristoci masu tsauri, ya gaji dukiyar da danginsa suka tara a harkar giya, ya yi wadaƙa da ita. A 1904 a Alƙahira ya ce wani ruhi mai suna Aiwass ya yi kwana uku yana yi masa shifta, daga nan ya kafa addinin Thelema, wanda jigonsa shi ne mutum ya aikata abin da ya so. Mabiyansa suna cewa ba sharholiya ake nufi ba, gano manufar rayuwa ce. To, sai a duba yadda mai koyarwar ya yi da ta hannunsa.

A 1905 ya jagoranci hawan dutsen Kangchenjunga da ke cikin tsaunukan Himalaya. Bayan saɓani, wasu abokan tafiyarsa suka kama hanyar sauka, ƙanƙara ta rufta da su, mutum huɗu suka mutu, uku daga cikinsu 'yan dako. Crowley ya ji ihun neman agaji, bai fito daga tantinsa ba. A gidan da ya buɗe a Cefalù ta Italiya kuwa, wani matashin almajirinsa ya rasu a 1923, gwamnatin Musolini ta fatattake shi daga ƙasar. Ya mutu a 1947 a ɗakin haya a Hastings, hannu babu ko sisin kirki, hodar heroin ta gama cinye shi.

Shekara 20 bayan haka sai ga fuskarsa a bangon faifan ƙungiyar mawaƙan Beatles, daga baya shahararren makaɗin jita Jimmy Page ya sayi tsohon gidansa na bakin tafkin Loch Ness a Scotland, a 2002 kuma ya zo na 73 a ƙuri'ar BBC ta manyan 'yan Birtaniya 100. Matasan Turai masu neman abin da za su ɓata wa iyayensu rai da shi sun samu. Masu yin bidiyo a YouTube suna nuna shi a matsayin uban matsafan duniya ma, a ganina, aikin John Bull suke ci gaba da yi masa. Da wuya ka ji ɗayansu ya ambaci 'yan dako uku da suka mutu a ƙanƙarar nan.