Fim shida a shekara 26 ba gazawa ba ce

Tun jiya nake juya maganar nan a raina, kuma na ga idan ban rubuta ta ba, ba za ta bar ni in yi wani aiki ba. Waɗanda suka ga abin da na sa ranar Asabar sun san cewa fim ɗin Duma, labarin wani yaro da rabbi (dabbar daji mai kama da damisa), muka kalla da yara a gida, na kuma yi 'yan layuka ina yabon wanda ya ba da umarninsa, Carroll Ballard. A ƙarƙashin wannan rubutu ne wani bawan Allah, wanda ya ce shi ma yana cikin harkar fim, ya zo ya yanke hukunci cewa mutumin da nake yabo darakta ne da ya gaza, tunda fim shida kacal ya yi a rayuwarsa, na ƙarshen ma bai mayar da kuɗinsa ba, kuma finafinan nasa duk shiru ne da kallon dabbobi, babu labari. Malam, ban san ka ba, kuma ba zan kama sunanka ba, amma wannan hukunci naka zalunci ne, kuma ya ƙona mini rai fiye da yadda kake zato.

Lissafinka daidai ne. Daga 1979 zuwa 2005, dogayen finafinan Ballard shida ne. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a mayar da wannan adadi hujjar gazawa, alhali shi ne babbar shaidar irin aikin da mutumin ya zaɓa wa kansa. Wanda jarumin fim ɗinsa doki ne, ko kyarkeci, ko dinya, ba ya da ikon cewa a zo wurin ɗauka ƙarfe takwas a tashi ƙarfe biyar. Dabba ba ta karanta labari, ba ta san an biya kuɗin hayar kyamara ba, ba ta kuma maimaita abin da ta yi don darakta ya ce a sake. Sai an zauna an jira ta. Wannan jira shi ne sana'ar Ballard, shi ne kuma abin da kai ka kalla ka ce babu komai a ciki.

An haife shi a Los Angeles a 1937, ya kuma yi karatun fim a jami'ar UCLA tare da Francis Ford Coppola. Yayin da abokin karatunsa ke hawa tsanin shahara, shi yana can yana ɗaukar gajerun finafinai: ɗaya a kan aladu, ɗaya a kan kyanwar da ta ɓace a cikin gari, inda ya sauke kyamara ƙasa daidai tsayin idon kyanwar don mai kallo ya ga yadda ƙafafun mutane da tayoyin mota suke a wurinta. Wani da ya yi a kan noma da girbi a Amurka a 1967 ya shiga takarar lambar Oscar. Sai da ya haura shekara arba'in kafin ya fitar da dogon fim ɗinsa na farko. Mutumin da ya yi wannan doguwar koyo bai shigo harkar don ya tara adadi ba.

Ina roƙon duk wanda ya goyi bayan wancan hukunci ya nemi The Black Stallion na 1979 ya kalli rabin farkonsa kawai. Jirgin ruwa ya nutse a kusa da gaɓar Arewacin Afirka, yaro ya rasa mahaifinsa, ruwa ya jefa shi wani tsibiri tare da wani akawalin ingarma da babu mai iya kusantarsa. Daga nan har kusan rabin sa'a ba a yin magana. Yaron ya tarar da dokin igiyoyi sun sarƙe shi a tsakanin duwatsu, ya yanke su da 'yar wuƙar da mahaifinsa ya ba shi, dokin ya tsere bai ko waiwayo ba. Daga baya yaron ya miƙa masa ganyen teku a hannu, dokin ya matso taku biyu, ya ja da baya, ya kaɗa kai, ya sake matsowa yana hura hanci, kuma Ballard bai yanke wannan kai-komo ba, ya bar shi ya ɗauki tsawon lokacin da yake ɗauka a gaske. Duk wanda ya taɓa tsayawa a bargar dawaki ya ga yadda ake lallaɓa sabon doki kafin ya yarda a sa masa linzami ya san cewa haka abin yake, kuma ya san cewa wanda ya yi gaggawa harbi zai sha. A Sardiniya aka ɗauki wannan ɓangare, mai ɗaukar hoton kuwa Caleb Deschanel ne. Kamfanin da ke da fim ɗin ya yi ta jan ƙafa kafin ya fitar da shi, don yana tsoron yara ba za su jure shirun ba, sai da Coppola ya sa baki. Da ya fito ya yi kasuwa, an ba Alan Splet Oscar ta musamman kan aikin sautinsa, kuma a 2002 aka sa shi cikin finafinan da Amurka ke adanawa a matsayin kayan tarihinta. Wato fim ɗin da ake zargi da shiru shi aka ba lambar yabo kan sauti, domin ƙarar kofato a kan yashi da numfashin doki su ne maganar da ke cikinsa.

Zargin cewa yara ba za su jure ba shi ya fi ba ni haushi, domin na gwada da idona. Ranar Asabar ɗin bayan sallar isha'i muka shimfiɗa tabarma a tsakar gida don kallon Duma, yarana uku da biyu na maƙwabta. Ƙaramar, wadda ba ta iya zama wuri guda ko na minti biyar, ta ɗauko kofin kununta ta zauna, kuma har aka gama fim ɗin kunun yana hannunta ya huce ba ta sha ba. Ba ta jin Turanci, ba ta kuma tambaye ni abin da ake faɗa ba, domin ba ta buƙata. Da aka zo inda yaron zai rabu da dabbar da ya raina, sai ta matso ta riƙe gefen rigata, ba ta ce komai ba. Babban cikinsu, wanda ya fara jin kansa saurayi, ya juya fuska wai yana neman takalminsa. Manya ne suke tsoron shiru, su ne kuma suke ɗora wa yara wannan tsoro, suna cika musu ido da finafinan da kowace daƙiƙa sai an yi ihu ko an faɗi ƙasa.

Akwai kuma abin da mai sukar bai lura da shi ba, ko ya lura bai ga muhimmancinsa ba. Yaran finafinan Ballard marayu ne. Na cikin fim ɗin doki ya rasa uba a teku, yarinyar Fly Away Home ta rasa uwa a haɗarin mota, yaron Duma ya rasa uba bayan jinya. Wanda ya taɓa zama kusa da yaron da aka yi wa rasuwa ya san cewa yawan magana ba ya yi masa magani, kuma sau da yawa ya fi son ya je ya zauna kusa da akuyar gida da a tara masa mutane suna ba shi haƙuri. Ballard ya san wannan. Shi ya sa yake haɗa maraya da abin da ba ya magana, ya bar su su saba da juna a hankali, ya kuma ƙi yi wa yara ƙaryar cewa wanda ya mutu zai dawo ko dabbar daji za ta zauna a gida har abada. Ta yaya za a ce wannan ba labari ba ne?

An ce mini ai yanzu kwamfuta tana zana zaki da giwa har su yi magana, don haka irin wahalar da ya sha ba ta da amfani. Wannan ba hujja ba ce da zan tsaya dogon musu a kanta. Dabbar da aka zana tana yin abin da mai zanen ya riga ya sani ne kawai, ba za ta taɓa ba shi mamaki ba. Kyarkecin da ke cikin Never Cry Wolf na 1983 kuwa yana tsayawa ya kalli mutum da wani irin kallo da babu wanda ya tsara masa, kuma don a sami irin wannan kallo ne aka shafe kusan shekara biyu ana aikin fim ɗin a arewacin Kanada da Alaska, ana bin sauyin yanayi daga ƙanƙara zuwa narkewarta. Labarin wani masanin dabbobi ne da gwamnati ta tura ya tabbatar cewa kyarketai ne ke ƙarar da barewar yankin, sai ya tarar akasarin abincinsu ɓeraye ne, har shi ma ya koma cin ɓeraye don ya ga ko babbar halitta za ta rayu a kansu. Fim irin wannan ba a gama shi a wata uku, ko da kuwa an tara dukan kuɗin duniya.

Haka ma Fly Away Home na 1996. Tushensa aikin wani ɗan Kanada ne, Bill Lishman, wanda a 1993 ya ja ragamar garken dinya daga Ontario zuwa Virginia da wani ɗan ƙaramin jirgin sama mara nauyi. Sirrin abin shi ne ɗan dinya yana ɗaukar abin da ya fara gani bayan ƙyanƙyasa a matsayin uwarsa, don haka sai an raine shi tun daga ƙwai, a saba masa da mutum da ƙarar inji, kafin ya yarda ya bi jirgi a sama. Tsuntsu kuwa girma yake yi kullum, ba ya jiran a gyara fitila. Wannan dabara ce daga baya, tun daga 2001, aka yi amfani da ita wajen koya wa wani nau'in tsuntsu mai dogon wuya da ya kusa ƙarewa hanyar ƙaura daga Wisconsin zuwa Florida. Deschanel ya sake ɗaukar hoton wannan fim, ya kuma shiga takarar Oscar da shi. Tsakanin waɗannan akwai fim ɗin rawa na 1986 da na tseren jiragen ruwa na 1992, waɗanda ban damu da su sosai ba, kuma ba zan yi kamar na damu ba.

Saura maganar kuɗin Duma, wadda ita ce aka fi kafa hujja da ita. Gaskiya ne fim ɗin ya ci kimanin dala miliyan 12, abin da ya samu a gidajen sinima kuma bai kai miliyan ɗaya ba. Amma mai sukar bai faɗi yadda aka yi hakan ta faru ba. Kamfanin Warner Bros. ya gwada shi ne a wasu garuruwa ƙalilan a farkon 2005, da ya ga mutane ba su yi tururuwa ba sai ya nemi janye hannu. Sai da mashahurin mai sharhin finafinai Roger Ebert ya tsaya masa da yabo kafin aka nuna shi a Chicago a watan Agusta, sannan a wasu 'yan wurare. Kayan da aka ɓoye a cikin shago aka ƙi bajewa a kasuwa, ba a cewa masu saye sun ƙi shi. Laifin na waɗanda suka rasa yadda za su tallata fim ɗin yara da babu dabba mai ba'a a cikinsa ne, amma sai ga shi bayan shekaru ana ɗora shi a kan wanda ya je Afirka ta Kudu da Botswana da Namibiya ya jira rabbi a cikin rana. Daga Duma bai sake fitar da dogon fim ba, kuma wannan asara ce ga yaranmu kafin ta zama asara gare shi.

Wani kuma ya ce ai labarin ɗan Bature ne a Afirka, baƙar fata yana biye da shi. Na ji wannan, kuma ba zan ce babu ƙamshin gaskiya a ciki ba, ko da yake mutumin da Eamonn Walker ya fito a matsayinsa yana da nasa burin da nasa iyalin, kuma shi ne ya san dajin. Sai dai wannan wata muhawara ce dabam, ba ta kuma mayar da haƙurin mai fim gazawa.

Hausawa sun ce da haihuwar yuyuyu gara ɗaya ƙwaƙƙwara, kuma ina mamakin yadda mutumin da ya tashi da jin wannan magana zai zo yana auna mai fasaha da mudu. Na san masu fitar da fim kowane wata, na kuma san cewa yawancin abin da suke fitarwa ba a tuna sunansa bayan sallah ta wuce. Fim ɗin dokin nan ya haura shekara arba'in, har yanzu iyaye suna nema wa 'ya'yansu shi. Malam, idan da gaske kana cikin harkar fim, ka ɗauki kyamararka ka je ka zauna a gaban tunkiyar gidanku, ka ce sai ta ɗago kai ta kalli ɗanta a daidai lokacin da rana ke faɗuwa, ka ga kwana nawa za ka yi. Ba gatse nake yi maka ba, da gaske nake so ka gwada.

Bayan an kashe fim ɗin ranar Asabar, ɗan maƙwabcina ya tambaye ni ko damisa ce. Na ce masa a'a, ya duba siririn jikin da baƙin layin da ya gangaro daga ido zuwa baki kamar sawun hawaye, wannan rabbi ne, wanda babu dabbar da ta kai shi gudu a doron ƙasa, kuma sunan fim ɗin ma sunansa ne da harshen Swahili. Ya ce ashe dabbar ƙasar Turawa ce. Na ce masa ta Afirka ce, kuma har yanzu akwai ragowarta ƙalilan a Nijar, a duwatsun Termit. Yaron ya yi shiru yana kallona, sannan ya ce, "Baba, to a sake sa mana daga farko."