Twin Peaks: Ba baƙo ne ya kashe Laura Palmer ba

Ranar 8 ga Afrilu, 1990 tashar ABC ta Amurka ta fara nuna wasan Twin Peaks na David Lynch da Mark Frost. Wani dattijo ya fita kamun kifi da sassafe, sai ya ci karo da gawar Laura Palmer, 'yar sakandare, an naɗe ta a leda an yasar a bakin ruwa. Aka turo jami'in hukumar binciken manyan laifuka ta Amurka (FBI), Dale Cooper, baƙo a garin na Twin Peaks, da ɗan rikodansa a hannu. Duk ƙofar da ya ƙwanƙwasa sai ya tarar da abin da ake ɓoyewa, daga cin amanar aure zuwa safarar hodar iblis.

Lynch bai so a taɓa bayyana wanda ya yi kisan ba. ABC ce ta matsa lamba, aka tona asirin a Nuwamban 1990. Masu kallo suka ragu, wasan ya tsaya a 1991 bayan an nuna shiri 30. Har gobe masu sharhi na cewa tonon ne ya kashe shi. Ni ina ganin shi ne ya ba shi daraja.

Mahaifinta ne ya kashe ta. Leland Palmer, lauyan da gari ke girmamawa, wanda ya faɗa kan akwatin gawarta yana kururuwa ranar jana'iza, ya shafe shekaru yana lalata da 'yarsa a cikin gidansu. Da an bar maganar a rufe, da mai kallo ya ci gaba da zargin 'yan ƙwaya da ɓata-gari, hankalinsa kwance cewa mugu daga waje yake zuwa. Yaran da irin wannan ta faɗa wa sun san ba haka ba ne, kuma a 1990 ba kasafai talabijin ke faɗin haka a fili ba.

Inda wasan ya ɓata mini rai shi ne da aka ce wani aljani mai suna Bob ne ke shiga jikin Leland. Wannan uzurin ba baƙonmu ba ne. Sau nawa aka kama mai fyaɗe ya ce sharrin shaiɗan ne, dangi su nemi a rufa asiri? Lynch ya rage wannan giɓi a fim ɗin Fire Walk with Me na 1992, inda ya nuna makon ƙarshe na rayuwar Laura ta idonta, uban yana zaune da ita a teburin cin abinci yana tsorata ta. Wannan fim ɗin kuwa 'yan kallon lokacin juya masa baya suka yi.