Ku Daina Yi Wa Yaro Dariya Don Ya Riƙe Littafi

Assalamu alaikum. Yau maganata da ku ce, yayye maza da mata, ku da kuke da ƙanne a gida. Akwai wata ɗabi'a da ta kama mu, mun mai da ita wasa alhali ba wasa ba ce: da zarar an ga yaro ya duƙufa a kan littafin labari, sai a fara yi masa dariya.

Kwanan nan na ga haka ƙiri-ƙiri a wani gidan suna. Wata yarinya da ba ta wuce shekara goma sha ɗaya ba ta raɓe a gindin randa tana karanta wani tsohon littafin Turanci, irin na gwanjo, an liƙe bangonsa da salatif, da hoton jan muzuru a jiki. Yatsanta na bin layi, leɓenta na motsi. Sai yayanta, saurayi har da gemu, ya zo wucewa ya fizge littafin ya ɗaga sama, ya ce, "Jama'a ku zo ku gani, labarin maguna take karantawa! Ke, in kin sauke sai ki koya mana kukansu." Aka kwashe da dariya. Yarinyar ba ta ce uffan ba. Ta karɓi abinta ta cusa a ƙarƙashin hijabi, ta tashi ta shige cikin masu wanke-wanke. Wallahi raina ya ɓaci, har yanzu kuma bai huce ba.

Na san littafin, don na karanta shi. Shi ne na farko a jerin da ake kira Warriors, wanda kamfanin HarperCollins ya fara bugawa a 2003. Sunan da ke bangon, Erin Hunter, ba na mutum ɗaya ba ne. Wasu mata ne 'yan Ingila suka haɗa hannu: Victoria Holmes tana tsara labarin, Kate Cary da Cherith Baldry suna rubutawa, daga baya wasu suka shigo. Kashin farko littafi shida ne, an kammala fitar da su a 2004, aka ci gaba da wasu kashe-kashen, aka fassara su cikin harsuna da dama, aka sayar da miliyoyi. Manya sun zauna sun kashe shekaru a kan wannan aiki, kai kuma ka kalli bango sau ɗaya ka yanke hukunci. Rashin sani ya fi dare duhu.

Bari in gaya maka abin da ke ciki, tunda ba ka tambaya ba. Maguna ne na daji, ƙabila huɗu: ta Tsawa, ta Kogi, ta Iska da ta Inuwa, kowace da iyakarta a cikin wani kurmi da aka kwaikwayo daga dajin New Forest na kudancin Ingila. Wani ɗan muzurun gida mai suna Rusty ya bar abincin kwano da ɗumin ɗaki ya shiga ƙabilar Tsawa, aka canza masa suna zuwa Firepaw, ana ta yi masa gorin cewa shi ɗan lele ne, bai san wuya ba. Waɗannan maguna suna da doka da kowa yake bi. A cikinta akwai cewa in an kamo abinci, sai tsofaffi da masu jego da jarirai sun ci kafin mayaƙa su taɓa. Ba a sa yaro koyon faɗa sai ya cika wata shida. In ka ga ɗan jariri cikin haɗari dole ka taimake shi, ko da na abokan gaba ne. Duk daren da wata ya cika kuma, ƙabilun nan huɗu sukan haɗu wuri ɗaya a ajiye gaba, a yi magana.

Ka sake duba ta farkon nan. Sai tsoho ya ci kafin saurayi ya ci. A cikin labarin, matasa masu koyon yaƙi su ne ke canza wa tsofaffi shimfiɗa, su ne ke cire musu kaska da matsarmamar ɓera, abin da ke barin ɗoyi a jiki. Akwai wata tsohuwar mage mai magani, Yellowfang, mai baƙar magana, wadda aka kora daga ƙabilarta. Firepaw ya tsince ta da yunwa ya kamo mata zomo, shi ma ya ci, ya karya doka ke nan. Hukuncin da shugabarsu ta yanke masa shi ne ya ci gaba da jinyar tsohuwar, ya ciyar da ita, ya jure faɗanta. Shi kuwa azzalumin shugaban da ya kore ta, alamar zaluncinsa ita ce ya fitar da tsofaffi daga gari, ya tura 'yan ƙanana fagen fama. Wannan ne abin da ƙanwarka take karantawa. Yanzu ka faɗa mini tsakani da Allah, kai da ke tsallake kakarka a tsakar gida da waya a kunne ba ko sannu, wa ya fi buƙatar wannan littafi, kai ko ita? Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Ban ce duk abin da ke ciki daidai ne ba. Magunan sun yarda cewa kakanninsu da suka mutu suna cikin taurari, suna aiko musu da saƙo a mafarki, suna ba shugaba rai tara. Wannan ya saɓa wa aƙidarmu, kuma yaro yana buƙatar babba ya zauna ya ce masa, ka ga wannan ƙirƙira ce, mu ga abin da muka yi imani da shi. Akwai kuma faɗa da jini da mutuwa a wasu wuraren da ƙaramin yaro zai iya tsorata. To amma nan ne aikinka yake, yaya. Ta yaya za ka gyara masa abin da ba ka buɗe ba? Wanda ka kunyata a gaban jama'a ba zai sake kawo maka tambaya ba. Zai koma karatu a ɓoye, ko ya daina gaba ɗaya, ka ga an yi ba a yi ba.

Masu cewa labarin dabbobi shirme ne kuwa, ban san inda suka yi karatu ba. A Suratun Namli tururuwa ta yi magana Annabi Sulaimanu ya ji ta, alhudahuda ya kawo masa labarin Saba'u. Sahabin da ya fi kowa ruwaito hadisi, da 'yar kyanwa aka yi masa alkunya, Abu Huraira. Bukhari da Muslim sun kawo hadisin matar da ta shiga wuta saboda ta ɗaure mage, ba ta ciyar da ita ba, ba ta sake ta ba. Kalila wa Dimna, wanda Ibnul Muƙaffa ya mayar Larabci tun ƙarni na 8, bakin dabbobi aka ara aka yi wa sarakuna nasiha. A Magana Jari Ce ta Abubakar Imam, aku ne mai ba da labari, har ya zama waziri. Iyayenmu sun karanta shi a aji, ba wanda ya ce su je su koyi kukan aku.

Dariyar nan tana da salo-salo, duk na san su. Yaro ya ɗauki littafi a ce "Farfesa an fara." Ya yi kuskuren furta kalma a yi ta maimaita masa har sati. Yarinya ta zauna karatu a ce ƙiwuya ce, gudun aiki take. A ce wai zai haukace. A ce wai iyayi ne, so yake a ce Bature. Kowace ɗaya ana faɗinta da murmushi, amma magana zarar bunu ce, in ta fita ba ta komawa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, mu kuwa tun yana ɗanye muke karya shi. Sai shekara ta zagayo, jarrabawa ta matso, yaro ya kasa karanta tambaya ya gane, a fara rarraba ido ana neman inda za a sayi amsa, ana zagin malamai. Yaron da ya iya cinye littafi mai shafi sama da 250 da harshen da ba nasa ba, don kansa, ba bulala, wa zai ba shi tsoro a ɗakin jarrabawa? Abin da makaranta take fama ta dasa shi ne kai kake tumɓukewa a tsakar gida.

Abin da ya fi ba ni haushi, ku dubi masu dariyar. Mutumin da zai kai sha biyun dare a majalisa yana jijiyar wuya a kan ƙungiyoyin ƙwallon Ingila, har a yi zage-zage, shi ne yake ganin labarin da ya fito daga Ingilar nan ɓata lokaci ne. Wani kuɗin abincinsa ya tafi a cacar ƙwallo. Wata ta wuni tana jan allon waya da yatsa, daga rawa sai habaici sai tonon silili, in ka tambaye ta abin da ta gani da safe ba za ta tuna ba. Ga masu shisha, ga masu yawon gulma a zaurukan WhatsApp. Ba wanda ke fizge musu waya ya ɗaga sama ya tara musu jama'a. Sai yaro mai littafi. In kura na maganin zawo, ta yi wa kanta.

Ni dai roƙona, ku ji tsoron Allah a kan ƙannenku. Ku ja su a jiki. In ba za ka iya ƙarfafa shi ba, ka wuce ka ƙyale shi.

Da ba haka muke ba. Bayan sallar isha'i, a shimfiɗa tabarma, kaka ko yaya ta ce "Ga ta nan, ga ta nanku," yara su amsa "Ta zo mu ji ta." Gizo da Ƙoƙi, kura da dila, zaki sarkin dawa, duk dabbobi ne, kuma a bakinsu muka fara jin cewa haɗama tana kashe mai ita. Babbar yaya ita ce mai riƙe da tatsuniya, babban wa shi ne mai biya wa ƙane allo. Girman yaya a lokacin, abin da ya koya maka ne. Yanzu kakanni sun tsufa, wasu sun riga mu gidan gaskiya da tatsuniyoyinsu, ba wanda ya karɓa. Yayyen da ya kamata su gada kowa ya shige ɗaki ya toshe kunne. Yaro ya rasa mai ba shi labari a gidansu, ya je ya nemo a wurin mai sayar da tsofaffin littattafai da 'yan kuɗin tararsa, ya dawo kuma mu tarye shi da dariya.