Ƙauyawan Amurka ba wawaye ba ne da suka ƙi yarda da kyauta

Duk mai kallon tsofaffin finafinan barkwancin Amurka, waɗanda ba a magana a cikinsu, zai lura da abu guda: baƙon da ya iso da fara'a da taimako a hannu, kusan kullum da wata a ƙasa. A The Kid na 1921, yaro ne ke jifan tagogin mutane, sai ga Charlie Chaplin ya ɓullo goye da gilashi kamar Allah ne ya jeho shi. A The Pilgrim na 1923 kuwa fursuna ne da ya tsere, ya saka kayan fasto, wani ƙaramin gari a Texas ya tarbe shi hannu bibbiyu.

Ni a ganina masu kallo na wancan lokaci kansu suke yi wa dariya, domin an sha yi musu haka. Masu tallar magani suna bin ƙauyuka da keken doki, su yi kiɗa da wasa kyauta, taro ya cika, sannan a fito da kwalaben da ke warkar da kowace cuta, alhali da yawansu barasa ce, wasu har da kayan maye. Sai a 1906 aka yi dokar da ta tilasta rubuta irin waɗannan abubuwa a jikin kwalba. Buster Keaton ma, wani tauraron waɗannan finafinai, a cikin wannan sana'a ya buɗe ido: an haife shi a Piqua ta jihar Kansas a 1895, iyayensa suna kan hanya da ayarin masu wasan tallar magani. Gidajen giya na lokacin kuma suna ba da abincin rana kyauta, amma an zuba masa gishiri yadda sai ka sayi abin sha. Banza dai ba ta kai zomo kasuwa.

Abin takaicin shi ne zargi ba ya tantance mai gaskiya da maƙaryaci. Mu da muka ga yadda aka guji allurar shan inna a Kano a 2003, shekara bakwai bayan gwajin maganin da kamfanin Pfizer ya yi wa yara a can, ba sai an yi mana dogon bayani ba. A 1909 attajirin Amurka John D. Rockefeller ya ware dala miliyan 1 don yi wa mutanen kudancin Amurka maganin tsutsar ciki mai shiga ta tafin ƙafa, ba ko sisi. Da likitoci suka ce a daina tafiya ba takalmi, sai raɗe-raɗi ya bazu cewa attajirin kasuwa yake nema wa takalmansa.